Rijiyar Isaka a Rabon Zuwera

Shekara ashirin ke nan ina sarin salati da shu, wato kabeji, a garkar Isaka ta Gamkalley ina kaiwa kasuwa, kuma ban taɓa ganin mutumin da bakinsa ke cutarsa kamar shi ba. Ka zo sayen tumatir, shi da kansa zai tona kwandon ya nuna maka ruɓaɓɓen da ke ƙasa. Na sha ce masa, "Isaka, kai dai Allah ya shirye ka." Sai ya yi dariya ya ci gaba da ban ruwa.

Garkar ta mahaifinsu ce, doguwa, tun daga hanya har bakin kogi. Su uku tsohon ya bari: Isaka babba, sai Mu'azu mai taksi, sai Zuwera da ke aure a Yantala. Amma Isaka kaɗai ya san laka. Can sama kusa da hanya akwai rijiya, shi ya haƙa ta da hannunsa shekarar da ya yi aure. In kogi ya ja baya da rani, ita ce ran garkar. Irin kallon da yake mata, ko matarsa ba ta samu.

Mu'azu ya matsa a raba, ya sayar da nasa ya sake mota. Sau uku ana zama a gida ba a daidaita ba, sai ga sammaci daga jastis, wato kotu. Isaka ya sa babbar rigarsa ta salla, ƙafa kuwa silifas ɗin garka. Na bi shi, don abincina ma a garkar yake.

Alƙali ya tambaye shi girman filin. Ya ce, "Ranka shi daɗe, a wane wata?" Aka kwashe da dariya. Aka tura mai awon fili, ya je cikin zafin Afrilu da kogi ya janye, ya dawo da takarda: kashi biyar, maza bibbiyu, mace ɗaya, an yanka a kwance. Mu'azu da ya ga bakin ruwa kore shar, ya ce shi nan yake so. Zuwera tsakiya. Isaka sama, da rijiyarsa. Wallahi har na fara hamdala a zuci, sa hannu kawai ya rage.

Sai mutumin naku ya ɗaga yatsa. Na mintsine shi ta baya, ya ture hannuna.

"Ranka shi daɗe, inda ƙanena ya zaɓa, wata huɗu a shekara kifi ke kwana a wurin. Ruwan damina ya hau, na lokacin sanyi ya sake hawa. Duk wanda ya saya zai dawo ya shaƙe shi."

Mu'azu ya sunkuyar da kai. Alƙali ya ce to a sake awo, a yanka a tsaye daga hanya zuwa kogi, kowa ya sami tudu ya sami gangare. Mai awo ya ja igiyarsa, rijiya ta faɗa cikin siririn rabon Zuwera, taku biyu daga iyakar Isaka. Ranar na yi wa Isaka faɗa har muryata ta dushe. Ya ce, "Hadiyya, da na yi shiru, da wane ido zan riƙa kallon rijiyar?" Amma na ga idon nasa ya kawo ruwa, tausayinsa ya kama ni.

Mu'azu ya sayar, ya sake motar. Rabon Zuwera kuwa Isaka ke noma mata har yau. Sai dai kullum da safe, kafin ya jefa guga, sai ya ciro tsohuwar salularsa ya kira Yantala: "Zuwera, kin tashi lafiya? Zan ɗebi ruwanki." Kullum, har ranar salla.

Ran nan muka haɗu da ita a gidan suna, na ce, "Ke kuwa ba ki jin kunya? Ki bar wa yayanki rijiyar nan mana, me za ki yi da ita?"

Ta ja ni gefe. "Yaya Hadiyya, tun da na yi aure Yaya Isaka ba ya kirana sai in an yi mutuwa. Yanzu kullum da muryarsa nake karyawa. In na ba shi, shi ke nan ya daina." Ta share ido da bakin mayafi. "Don Allah kada ki faɗa masa."

Ban faɗa masa ba. Ai ni ba Isaka ba ce.