Dodon da Ya Manne a Katako

Genzo Kuramochi masassaƙin allon zane ne a unguwarmu ta Asakusa da ke birnin Tokyo, ni kuma nake shafa wa allunansa launi in buga su a takarda. Tare muka tsufa, kuma ban taɓa ganin mai taurin kai irinsa ba.

'Yarsa Chizuru a shagonsa ta yi rarrafe, ta tashi da hannun zane. Sai ta kama aiki a kamfanin wasannin bidiyo, tana zana musu dodanni da mayaƙa masu fukafukai. Babu abin da take so kamar uban ya sassaƙa zanenta ko sau ɗaya ne. Ta zauna da burushi da tawada, ta zana wata jaruma bisa dodon ruwa a takarda shara-shara, ta kawo masa.

"Baba, dubi gashinta. Duk Tokyo kai kaɗai za ka iya fitar da shi."

"Ni ba na sassaƙa kayan wasan yara," in ji shi, ko kai bai ɗaga ba.

Na ce, "Kai tsohon banza, kakanninmu ba fatalwa da 'yan kokawa suka sassaƙa ba?"

"Tsaya a kan launinka, Shozo."

Ta bar takardar ta tafi. Takan zo gaisuwar sabuwar shekara, amma ba ta ƙara tayar da maganar ba.

Sai da furfura ta gama cinye masa kai sannan ya sauko. A aikinmu kuwa, kifa zanen ake yi a kan katako a manne shi da ƙullun shinkafa, wuƙa ta bi layukan ta cinye takardar. In an manna, shi ke nan, ba a ɓamɓarowa. Ya kira ni, ya ɗauko zanen nan na Chizuru ya manna a gabana, ya murza bayan takardar har layuka suka fito. Ya ɗauki wuƙa ya kai ta kan gashin jarumar, sai hannun ya kama rawa. Ya ajiye, ya sake ɗauka. Haka muka yini, bai yanka ko layi ɗaya ba. Tausayinsa ya kama ni har na kasa zaginsa.

Da Chizuru ta zo, ta daɗe tsaye tana kallon allon.

"In zana wani mai kaurin layi da zai fi sauƙin yanka, Baba?"

"A'a," ya ce. "Wannan kika kawo min lokacin da nake da hannu."