A Sauke Tukunya, Tattasai Zai Shigo

An faɗa a gidana, an kuma maimaita a majalisar ƙofar masallacinmu da ke Sabon Gari, cewa abu biyu ba za su taɓa faruwa ba: jikata Ummi ba za ta ci abincin Gusau ba, ni kuma ba zan iya dafa ko ruwan shayi ba. Uwargidana Hajiya Rabi ce ta fara faɗa. Alhaji Mamman direba, abokina tun muna firamare, ya ƙara da cewa wanda ya yi hedimasta har ya yi ritaya bai san ta inda ake kama ludayi ba. Mutum mai shekaruna dai ba ya jayayya a bakin titi.

Ummi 'yar ɗana Bashir ce, wanda ya karanci likita a ƙasar Hungary, a can kuma aka haife ta. Sun kawo ta hutu, suka bar mana ita suka wuce Abuja. Yarinya ta kalli tuwo, ta kalli miyar kuka, ta kawar da kai cikin ladabi. Sai shayi da biskit kawai, wuyanta ya fara tsawo. Bashir ya ce ta waya idan abin ya ci gaba zai zo ya ɗauke ta, na kuma san idan ya ɗauke ta a kan yunwa ba za a sake bar mana ita ba.

Abin da take so wani dogon burodi ne da ake tsagawa a sa sosej, wato dogon curin naman sa, a malala masa jar miyar niƙaƙƙen nama. Bashir ya lissafa kayan: nama, albasa, tafarnuwa, tumatir kaɗan, da garin busasshen tattasai mai yawa, marar yaji. Hajiya ta ce ai wannan wasan yara ne. Ta yi abin da kowace ƙwararriya a Zamfara take yi wa kayan miya, ta zuba garin a tafasasshen mai, ta soya shi sosai. Miyar ta fito baƙa, mai ɗaci. Ummi ta ɗanɗana, idonta ya ciko.

Ƙaurin da ya taso daga kicin ɗin nan shi ya mayar da ni Kucheri, gidan kakata Inna Dije.

A lokacin kaka, rufin kowane ɗaki ja yake da tattasan da aka shanya. Bayan Magariba mukan kewaye murhunta, mu jikoki, tana girki tana tatsuniya, domin ita ba ta yarda a zauna hannu sake ba. Takan fara da cewa, “Ga ta nan tafe, ku matsa mata wuri.” Wadda muka fi ji ita ce ta Barkono da wansa Tattasai, da aka gayyata biki gidan Tukunya. Barkono ɗan ƙarami ne mai neman rigima. Ko sallama bai yi ba ya faɗa cikin mai, ya sa mahalarta atishawa, ya ji daɗin ransa. Tattasai kuwa babban mutum ne, da jar babbar riga, ba ya faɗa da kowa, amma akwai shi da son girma. Ya tsaya a ƙofa ya ce shi ba zai shiga ba sai an sallami Wuta, domin idan ta taɓa masa riga zai ɓata rai, ya ɓata wa kowa biki.

Daidai nan Inna take yin shiru. Sai ta sa tsumma ta sauke tukunyarta ƙasa, ta naɗe hannu.

“Inna, sai mi ya faru?” ni ne mai tambaya kullum.

“Kai maigidana, kama bakinka. Babban mutum za ya shigo kana surutu? Bari mai ya bar kuka tukuna.”

Sai man ya yi tsit take zuba garin tattasanta, ta juya har tukunya ta yi ja kamar an rina ta, ta ƙara ruwa, ta mayar wuta, sannan tatsuniya ta ci gaba. Yayana ya yi imani mantuwa take yi, tana sauke tukunya ne don ta tuno sauran. Ni na ɗauka mugunta ce irin ta tsofaffi.

Washegarin ranar da miyar Hajiya ta ƙone na aika aka sayo mini busasshen tattasai a kasuwar Tsafe, na zauna da kaina na cire 'ya'yan, aka daka aka tankaɗe. Na naɗe hannun riga na shiga kicin. Hajiya ta jawo kujera ta zauna a ƙofa kamar mai kallon dambe.

Na soya albasa har ta yi laushi, na sa tafarnuwa, sannan na sauke tukunyar.

“Alhaji, gas ɗin bai ƙare ba fa,” in ji Hajiya.

“Na sani.”

“Miyar da ba a soya ba ɗanya ce. Yarinyar mutane za ka kashe mana?”

Ummi ta leƙo, ta tambaya da guntuwar Hausarta me ya sa Kaka ya tsaya. Na ce mata babban baƙo muke jira. Na ba ta kwanon garin ta riƙe, na ba ta tatsuniyar tun daga farko, muka saurari mai har ya bar kuka. Ita ta zuba da hannunta. Da tukunya ta yi ja, ta ce irin kalar ta gidansu ke nan. Na zuba nama da tumatir da ruwa, na murƙushe naman da ludayi har ya zama kamar tsaki, na bar shi a wuta kaɗan kaɗan ya yi kauri.

Ta cinye burodi ɗaya, ta miƙo faranti. Hajiya ta lakata da yatsa, ta ce dama ta lura tun da daɗewa ni da Tattasan nan halinmu ɗaya: girma, babbar riga, ba yaji. Alhaji Mamman, da aka kai wa ɗanɗano a majalisa, ya ce miya ce marar zuciya, sannan ya tambaya ko da saura.

Shekaru masu yawa na yi ina koyar da yara cewa tatsuniya hanya ce ta gyaran hali, ina ciro mata darussa masu nauyi a kan allo. Ashe Inna girki take koya mana, kuma shirun da muke jin haushi shi ne darasin. Allah Ya jiƙan ta. Ummi ta ƙarasa hutunta a wurinmu, har tana tsoma tuwo a jar miyar, tana kuma hana Hajiya magana idan an sauke tukunya.

Saboda haka ina so zuriyata su riƙe wannan rana, 'yan majalisa kuma su shaida: Asabar ta farko bayan ƙaramar Sallar bana, tsakanin La'asar da Magariba, a kicin ɗin Hajiya Rabi, a gaban idonta.