Minti Huɗun Da Ban Kashe Kamera Ba

Ranar Talata, 13 ga watan Mayu, 2025, wajen ƙarfe sha ɗaya na safe, Allah ya karɓi ran Gideyon Barmu a bakin kogi, a Tondibia. Mai shirya fim ne, ɗan wasa, marubucin littattafan labari uku. Ni Isaka, shekara goma sha ɗaya ina riƙe masa kamera, kuma ina riƙe da ita a lokacin da ya faɗi.

Mushe, da wannan sunan malamai na Faransanci da muka saba kiranka zan kira ka, tunda malamin lakwal, wato makarantar boko, ne kai a Dogondutsi kafin sinima ta ɗauke ka. Ba ka da ofishi, ba ka da uban gida. Kai ke rubuta labari a kaye, littafin rubutun 'yan makaranta, ƙarƙashin dogonyaron gidanka, kai ke neman 'yan wasa, in an rasa mai yin tsoho ka shafa toka a gemu ka shiga. Kirista ne kai, amma ba ka taɓa bari la'asar ta wuce ni ba. Ko ana tsakiyar aiki sai ka dubi rana ka ce in je in gai da Mai Sama, kamera ba ta gudu. Ranar da mahaifina ya rasu, kai ka kwana uku kana zuba wa masu gaisuwa ruwa, har wasu suka ɗauka ƙanensa ne kai.

Doka ɗaya gare ka, kuma duk wanda ya yi aiki da kai ya san ta: ba mai tsayar da kamera sai ka ce "kupe" da bakinka. Na taɓa karya ta sau ɗaya. A unguwar Plateau ne, kana wasan ma'aikacin da aka kora, ka yanke jiki ka faɗi a kan kwalta, faɗuwar da har wani mai taksi ya taka birki. Na yar da kamera na ruga. Ka buɗe ido ɗaya ka tambaye ni wa ya aike ni. Shekara guda kana kirana lokotoro, wai likita, a gaban mutane, kuma tun daga ranar na yi alkawari ko sama za ta faɗo ba zan sake motsawa ba.

Ran Talatar nan fage na ƙarshe muke ɗauka. Kai ne tsohon masuncin da zai jawo kwalekwalensa gaɓa, ya faɗi, 'yarsa ta tsaya daga nesa tana kallo. Nafisa ce 'yar, kuma ka gargaɗe ta kada ta matso. Rana ta yi zafi ƙwarai. Ka ja igiya, ka dafe ƙirji, ka durƙusa, ka kife. Duk yana cikin takarda. Sai ka ɗaga hannu wajena, ka buga ƙasa sau biyu. Wannan ba ya cikin takarda, amma ka saba yi mana ƙari, don haka na matso da hoton kusa da fuskarka. Har na ce "madalla" a hankali, kuma na'urar sauti ta ɗauka.

Muka yi ta jiran kalmarka. Nafisa ce ta fara duban idona, na girgiza mata kai. Da ta gaji ta taka dokar ta je ta taɓa ka, agogon kamera na nuna minti huɗu da daƙiƙa goma.

A gidan likita matarka, Madam Marta, ta tare ni a ƙofa da farar rigar aikinta, don ma'aikaciyar jinya ce. Ta tambaye ni ko mun ɗauko ka da wuri. Na ce nan take. Ƙarya na yi, Mushe, kuma da ita na bi gawarka majami'a, na bi ta makabarta. Katin kamerar na aljihuna kwana tara. Sau biyu na je bakin kogi da niyyar jefa shi, sai in tuna aikinka na ƙarshe ne a ciki. In na bar shi kuma, ranar da aka haɗa fim ɗin za ta gani da idonta. Tsoro nake ji, ba na wani abu ba sai na fuskar matar da ta ciyar da ni shekara goma sha ɗaya.

Ran kwana na goma na tafi gidanka a Koira Kano. Na same ta da 'yarku Priska suna tattara kayanka. Na aje katin a kan tabarma na faɗa mata komai, har da madallar. Ba ta yi kuka ba. Ta tambaye ni minti nawa, na faɗa.

"A aikina minti huɗu rai ne, Isaka," in ji ta. "Ba zan ce maka da ka ruga da ya tashi ba, ba kuma zan ce da bai tashi ba. Ban sani ba."

Na kasa ɗaga kai. Ta daɗe tana juya katin a hannunta, sannan ta tambaye ni wa ya hana ni motsawa. Na ce kai ne.

"Na san halin mijina. Tunda bai samu ya faɗa ba, ni zan faɗa a madadinsa. Kupe, ɗana. Aje kamerar haka nan."

A nan na yi kukan da ban yi a makabarta ba. Katin yana wurinta, cikin Littafi Mai Tsarkinka, kuma ita za ta yanke ko duniya za ta ga fagen nan.

Mushe, ka kira ni da hannu ban zo ba. Ka yafe mini. Da bakin da na iya nake roƙa maka: Allah ya yi maka rahama, ya ba ka hutun da ba ka taɓa ba kanka ba. Ina miƙa ta'aziyyata ga Madam Marta da Priska, da danginka na Dogondutsi, da jama'ar majami'arku, da duk wanda ya taɓa tsayawa cikin rana yana jiran muryarka. Allah ya ba mu haƙurin rashinka, amin.