Tauraron da Muka Je Gani a Winneba

Daga Nima

Ana sallame sallar asuba muka fito daga gida, ni da mahaifina Baba Hassan. Na rungumo madubin hangen taurari na makarantar da nake koyarwa a Maamobi, naɗe cikin tsohon zane. Watanni muka yi muna gardama da Baba. Na ce akwai wani tauraro mai haske can ƙasa ta kudu, na rukunin taurarin da ya fi kusa da ranarmu, wanda ido ke gani ɗaya alhali biyu ne. Shi kuwa ya ce sai ya gani. A Nima rufin kwano da fitilu sun tare wannan gefen, don haka na ce mu je Winneba, inda babu komai a kudu sai teku.

Ba taurari kaɗai suka kai ni ba. A zangon Winneba ɗan'uwansa na tagwaye Baba Husaini yake zaune, kuma an aiko mini cewa jikinsa ya yi tsanani, idanunsa ma sun tafi. Rabonsu da magana tun ina 'yar firamare. Wata shekara Baba ya shaida cewa ya ga jinjirin watan Sallah, Baba Husaini ya miƙe a cikin masallaci ya ce ba yadda za a yi a gan shi a daren. Ranaku daban suka yi idi, shi ke nan zumunci ya tsinke. Tsoron da nake ji shi ne ɗayansu ya rasu a haka.

Da na ambaci Winneba Baba ya yarda mu je. Amma ya sa babbar rigarsa ta Juma'a, wadda ba na jin tauraro yana bukata.

Kaneshi zuwa Malam

Trotro, ƙaramar motar haya, ta sauke mu a Kaneshi, muka sha koko da ƙosai a tsaye, muka shiga motar Winneba. A mahaɗar Malam cunkoso ya riƙe mu har rana ta ɗaga. Baba ya leƙa ta taga ya sayi goro fari, ya cusa a aljihu. Shi dai ya daina cin goro tun da haƙoransa suka zube.

Wani tela ɗan unguwar Kawukudi da ke kusa da ni ya ƙura wa ƙunshina ido.

"Anti, wannan bindiga ne?"

Na ce madubin hangen taurari ne, na yi masa bayanin tauraron da za mu gani: rana biyu ne suke zagaya juna, su matso, su nisanta, kusan shekara tamanin kafin su cika zagaye ɗaya. Haskensu kan yi shekara huɗu da 'yan watanni a hanya.

"Shekara tamanin, cale," in ji shi cikin mamaki. "To ba su gajiya?"

Baba ya yi kamar yana barci.

Kasuwa

Bayan garin Kasuwa akwai shingen 'yan sanda. Ɗaya ya sa na kwance zanen, ya leƙa madubin ta baya, ya ce bai ga komai ba, ya sallame mu. Daga nan hanya ta buɗe, amma hadari ya fara haɗuwa ta gabas, abin da ya fi ɗan sandan tayar mini da hankali.

Winneba

Mun sauka kafin azahar a gidan wata ƙawata kusa da bakin ruwa. Aka kawo dokunu, tuwon masarar da ake naɗewa a ganye, da soyayyen kifi. Aka yi ruwa da la'asar, ya ɗauke kafin magariba. Gidan Baba Husaini bai fi tafiyar minti biyar ba, amma Baba ya ce shi tauraro ya zo gani. Raina ya ɓaci ƙwarai, na haɗiye. Na aika a faɗa wa matar Baba Husaini inda za mu tsaya.

Bayan lisha na kafa madubin a kan yashi. Ina cikin saitawa sai ga matar Baba Husaini ta riƙo hannunsa, ya rame har rigar ta yi masa yawa. Na durƙusa na gaishe shi. Shi da Baba suka yi sallama kamar baƙi a tasha. Don kada shirun ya yi tsawo na shiga surutun aji. Na ce can dama da wancan tauraron akwai wasu biyu kuma, su ma maƙwabtanmu ne, sun fi kowace duniya da ke zagaya ranarmu nauyi amma ba su kai su kama wuta kamar taurari ba. Duhu gare su, wannan madubin ba ya nuna su.

"Su ma suna zagaya juna?" Baba Husaini ya tambaya.

"Suna yi, Baba."

Gajimare ya janye. Na kama tauraron, na ja Baba ya sa ido. Ya daɗe a sunkuye, ya goge idon da bakin riga, ya sake sunkuyawa.

"Hassan, me ka gani?"

"Biyu ne. Ɗaya ya ɗan fi haske. Suna dab da juna."

"In ka ce ka gani, ka gani," in ji Baba Husaini.

Baba ya miƙe, ya laluba aljihu, ya sa masa goron a tafin hannu, bai kuma saki hannun ba. Na juya na hau naɗe zanen da bai bukaci naɗewa ba, don hawaye sun zo mini.

Komawa

Washegari ni kaɗai na shiga mota da madubina. Baba ya ce in turo masa maganin hawan jininsa da riguna biyu. Na iso Nima da la'asar, maƙwabta suna tambayar ina na baro tsohon. Na gode wa Allah da ya kai mu lafiya ya kuma janye gajimaren, na gode wa ƙawata da ta ba mu masauki, da matar Baba Husaini da ta riƙo shi har bakin ruwa.