Akwatin Muntari Ya Ga Abijan

Katanga ɗaya ce tsakanin gidana da na Muntari mai gurmi a nan Tamaske, gajera kuwa, shi ya sa babu abin da ya ɓoye mini. Shekara arba'in ina jin waƙarsa da tarinsa.

Ubansa manomin gero ne kamar nawa. Amma tun muna yara, in an miƙa wa Muntari hauya sai ya rungume ta yana kaɗa ƙotar. Da ya samu gurmi na gaske sai ya tare a tasha. Garinmu in an gama girbi maza Abijan suke tahiya. Shi kuwa sai ya tsaya bayan mota, ya kira sunan kowane matafiyi da na uwarsa, yana rerawa har motar ta wuce gidan ƙarshe. Amshin waƙar kullum ɗaya ne: wanda na kira kar ya tsaya, kar ya waiwaya.

Wata shekara masassara ta kwantar da shi, mota ta tashi ba waƙa. Kwana uku ta yi a lalace cikin daji, waɗanda ke cikinta kuma sunka dawo da damina ko sabulu babu. Tun ran nan ba mai barin garin nan sai Muntari ya kira sunansa, kuma shi Muntarin yana tsaye bisa ƙasa.

Daga baya mutanen furoje, masu aikin raya karkara, sunka ɗauke shi wasan kwaikwayo, wato teyatur. Shi ke fitowa a matsayin wanda ya dawo daga Abijan. Sunka ba shi tabarau da shuɗin akwatin ƙarfe wanda ba komai ciki. Ya iya takunsu, ya iya faransancin da ya tsinta a bakin masu dawowa. Sun zaga da shi Babankatami, sun kai shi Sabon Gida. A can ne wata tsohuwa ta riƙe masa riga bayan wasa, tana tambaya ko ya ga ɗanta a Abijan. Mutumin da bai taɓa wuce Tawa ba!

Ni dai kowace safiya ta bisa katanga nake gaishe shi: "Ɗan Abijan, ya teku?"

"Tana gaishe ka, maƙwabci," yake cewa. Ban lura ba sai daga baya cewa ya daina dariya in ya faɗa.

Sau biyu yana shirin zuwa Abijan da gaske, matan gari na zuwa wurin matarsa Hafsa da kuka, ya fasa. Bara, gemu ya yi fari, ido ya fara hazo, ya ce mini, "In ban tahi bana ba, ba ni tahiya kuma. So nake in ga abin da nake ƙaryarsa." Ya sayar da ragonsa. Ya zuba tufafi cikin akwatin teyatur, karo na farko da akwatin ya yi nauyi.

Ranar tafiya da hantsi ya shiga mota ya zauna gefen taga, akwati na bisa mota a ɗaure. Saleh direba ya ƙi tayar da inji. Gogo, tsohuwar da jikokinta biyu ke cikin motar, ta dafa ƙofa.

"Muntari, wa zai kira mini su?"

"Inna, zan kira su daga nan."

"Daga zaune? Wannan hira ce, ba waƙa ba."

Saleh ya ce, "Mai gurmi, sauka ka sallame mu. In mun wuce gidan ƙarshe sai in tsaya maka."

Ya sauka. Ban taɓa jin ya yi waƙa kamar ta ranar ba. Ya bi su ɗaya bayan ɗaya, mota na tafiya a hankali, mata na share ido. Ta wuce gidan ƙarshe, munka ga jar fitilar birki ta kama. Sai hayaniya ta tashi a ciki. An kira sunansu, kuma an ce kar su tsaya. Fitilar ta mutu, motar ta ƙara wuta.

Muntari ya tsaya da gurmi a hannu. Bai ruga ba. Shi ya shirya amshin, ya san abin da ke ciki.

A hanyar gida na ce, "To ai da ka kira naka sunan."

"Mai kira ba a kiransa, maƙwabci."

Da ruwan farko jikan Gogo ya dawo masa da akwatin, gefe ɗaya a lotse. Tufafin na nan yadda Hafsa ta ninke su, sai wata kwalba da yaran sunka cika masa da ruwan teku. Ya lasa, ya tofar, ya ajiye ta ƙarƙashin gado.

Yanzu akwatin nake gaisarwa ta bisa katanga, tunda shi ya je. An gama yankan gero makon jiya. Jibi akwai mota, tun ɗazu nake jin Muntari yana gyaran tsirkiyar gurmi.