Babana Mai Murɗi

Mai Murɗi ake ce wa babana, har mutane suka manta yana da wani suna. Aikinsa kula da ɗakin tsaiko na bakin kasuwa, wanda ya gada wurin mahaifinsa. Ɗakin bai fi shagon tela girma ba, da ƙofar ƙarfe da 'yar tagar gilashi kamar tafin hannu. A jikin bangon ta waje akwai ƙaton faifan tagulla mai mariƙi. In aka murɗa shi sau ɗari huɗu da safe, ɗari huɗu da yamma, lokaci sai ya kusan tsayawa a cikin ɗakin, shekara guda a waje ta zama ƙiftawar ido a ciki. In aka fasa murɗi ko sau ɗaya, shi ke nan, ɗaki ya koma ɗaki.

Masu kifi kan ajiye kayansu a ciki don kada su lalace. Mai naƙuda ta jira ungozoma, wanda ya karye ya jira maɗori. Dokar sana'ar guda biyu ce: ba a sa mutum sai da saninsa, kuma ba ya wuce kwana uku. Babana mutum ne mai tsantseni, ya taɓa korar wani attajiri da ya zo neman a ɓoye shi sai fushin matarsa ya huce.

Ina shekara shida ciwon ƙirji ya kama mamata. Mai magani ya duba ta ya ce ba za ta kai gobe ba, cutar ba ta da magani tukuna, amma ana nema. Babana ya riƙe kalmar nan "tukuna" kamar wanda ruwa ya ci ya sami reshe. Ya ɗauki mamata cak ya kai ta ɗakin, ya zaunar da ita a kan benci, ya rufe ƙofa. Bai gaya mata komai ba. Ya karya dokokin nan biyu a rana ɗaya, ya kuma daina karɓar kayan kowa.

Shekara ashirin da shida yana murɗi. Tsakanin safe da yamma yana dako a kasuwa don mu ci. Bai taɓa barin gari ba, ko ranar da aka kai ni gidan miji a wani gari bai raka ni ko bakin hanya ba. Kafaɗarsa ta dama ta fi ta hagu girma, yaran unguwa suna ce masa mai doro ɗaya da rabi, shi ma yana dariya. Duk baƙon mai magani da ya sauka, babana ne farkon zuwa, shi ne kuma farkon dawowa kai a sunkuye.

Ni dai gaskiya na yi fushi da shi, fushi mai tsanani. Ta taga na san mamata. Ina ƙarama nakan taka dutse in leƙa, in gan ta ta ɗaga hannu za ta gyara ɗankwali. Na yi girma, na haihu, hannun bai gama isa kanta ba. Marainiya ce ni, amma ba a bar ni na yi kukan maraici ba.

Wata rana na ce masa, "Baba, ka tambaye ta kuwa? Wa ka ajiye wa ita, mu ko kanka?"

Ya ce, "Matsa, kina tare mini mariƙi."

Bara hannunsa ya shanye. Na dawo gida na karɓi murɗin, na yi wata biyu, tafina ya fashe. Rannan da hantsi ina kan murɗi na ɗari da wani abu, sai babana ya dafa ni da hannunsa mai lafiya.

"Bari haka nan, 'yata. Ba zan ci taki rayuwar ba, tawa ta isa."

Faifan ya tsaya. Muka buɗe ƙofa. Mamata ta ƙarasa gyara ɗankwalinta, ta yi tari, ta ɗago kai. Yarinya ce shar, na girme ta da shekara uku. Ta dubi tsohon da ke tsaye, ta sunkuyar da kai don ladabi.

"Sannu, Baba. Don Allah ba ka ga maigidana a waje ba? Yanzun nan ya fita."

Babana ya tako cikin ɗakin. Can ya ce, "Na gan shi. Shi ya ce in zauna da ke kafin ya dawo."

Ya zauna a can ƙarshen benci, kamar yadda baƙo zai zauna kusa da matar wani. Ni na sa kanta a cinyata. Numfashinta yana ta ja baya, tana ta kallon ƙofa. Ba ta kai yamma ba.

Kafin ta cika ta kama hannuna, ta ce, "Baiwar Allah, akwai 'yar yarinyata a waje, na ji kukanta sa'ad da ake shigo da ni. Ki ce mata ta yi shiru, yanzu zan fito."

Na ce, "To, zan gaya mata."