Naman da na binne a bayan rumbu

Edita, sallama. A lokacin da abin nan ya faru ni masinja ne a wani ofis a Kankiya, na haura arba'in, karatuna ya tsaya a aji biyu na sakandare. Amma a gidanmu na Mawashi ni ne ɗan boko. Duk takardar da ta shigo ni ake miƙa wa, in na gane in faɗa, in ban gane ba in ƙirƙira. Ba wanda ya taɓa kama ni, shi ya sa kaina ya kumbura.

Yayata, wadda ta goya ni bayan rasuwar mahaifiyarmu, ta samu ƙullutu a nono. Muka je babban asibiti aka yanko ɗan nama, bayan kwanaki likita ya ce ciwon daji ne. Ya ce amma daji iri-iri ne kamar dawa, kowane da maganinsa, kuma gwajin da ke bambance su sai a wani asibitin koyarwa mai nisa. Ya ba ni wata 'yar roba da ba ta kai kwalin ashana ba, naman na daskare cikin kakin kyandir, ya haɗa da takarda, ya ce in kai da hannuna. Na duba takardar, ko kalma ɗaya ban gane ba. Ya tambaye ni ko na fahimta, na ce ƙwarai. Wannan ƙwarai ɗin ita ta cuce mu.

Da na dawo na nuna wa 'yan majalisarmu. Wani ya ce tun kaka da kakanni duk abin da aka yanke a jikin ɗan Adam binne shi ake yi, ko cibiya ce, balle naman mace mai aure a dinga yawo da shi tasha-tasha. Wani ya ce ai an riga an ce daji ne, me kuma za a gano. Duk cikinsu ba wanda ya taɓa taka ɗakin gwaji, amma kowa malami ne in ciwon ba a gidansu yake ba. Na naɗe robar da takardar a farin ƙyalle na binne a bayan rumbu, ina jin na mutunta yayata. Duk sanda ta tambaya sai in ce sakamako bai fito ba, ita kuma ta ce Allah ya yi mani albarka da wahalar da nake sha. Wata biyu muna haka, har ƙullutu ya haura hammata.

Ranar da muka koma, likita ya tsare ni da tambaya har na faɗi gaskiya a gabanta. Mayafinta kawai ta gyara. Shi kuwa ya ce in je in tono, wataƙila kakin ya tsare naman. Gara ta cinye ƙyallen da takardar, amma robar na nan, lambar da aka rubuta da fensir ba ta goge ba.

A can asibitin koyarwa wata mata na tarar a ɗakin gwajin, ba ta girmi ɗiyata da yawa ba. Ta ga ƙasa a jikin robar ta tambaya, na faɗa mata. Na jira faɗa, ba ta yi ba. Ta goge ta da auduga ta ce da sauran amfani. Ta ce za su fere naman ya fi bawon albasa siranta, su ɗora a gilashi, su ɗiga mashi irin sojojin da jiki ke yi don yaƙar cuta. Kowane soja shaida guda ya sani, kamar ɗan dakon da ba ya ɗaukar buhu a kasuwar hatsi sai mai shaidar ubangidansa. In shaidar na jikin dajin sai ya liƙe mata, wurin ya rine. Da na koma karɓar sakamako ta sa ni na leƙa madubinsu mai ƙara wa abu girma. Wallahi na gani da idona, ɗigo-ɗigo ruwan ƙasa kamar an watsa garin daddawa. Ta ce dajin yayata irin mai cin sinadarin jikin mata ne, kuma akwai ƙwayar da ke hana shi abincin. Ban taɓa ganin aiki mai tsabta irin wannan ba, ban kuma taɓa jin na ƙanƙance haka ba.

An cire nonon gaba ɗaya har da ƙullutun hammata, tana shan ƙwayar kullum, tana raye, tana kiwon awakinta. Na tambayi likita ko jinkirina ne ya sa aka cire duka, ya ce Allah ne masani. Ban samu sauƙi da wannan amsar ba har yau.

Abin da na koya shi ne rabin ilimi ya fi jahilci illa, domin jahili yana tambaya. Jama'a, in an ba ku irin wannan 'yar robar, ku kai ta inda aka ce, a ranar da aka ce. In ba ku gane ba ku ce ba ku gane ba, ba a mutuwa don an faɗi haka. Yayata ta ce ta yafe mani, na kuma yarda, amma tun daga lokacin takardar asibitinta maƙwabciya take kai wa.